Zaren da Tela Ta Ciza

Ga ta nan, ga ta nanku, ku ba ni kunne.

Ta zo mu ji ta, kunne naki ne.

A wani gari akwai wani haske da ake ce wa Labule. Ba shi da ranar zuwa. Wani lokaci bayan shekara biyu, wani lokaci biyar. Da rana tsaka yake saukowa, kore da ja, kamar an shanya jiƙaƙƙen yadi daga sama, yana kaɗawa babu iska. Duk abin da ya shafa sai ya rikita masa awo. Titi mai tsawo ya koma taku uku, tsakar gida ta koma tafiyar wata guda. An ce wani ya fita daga ɗaki zai shiga kicin, da furfura ya isa.

Maganinsa ɗaya ne, kowa ya san shi tun yana goye. Da zarar ruwan kofi ya karkata gefe guda, Labule ya kusa. Sai uwar gida ta ɗauki zare, ta fara da wanda ya fi nisa da ƙofa, ta ɗaure masa wuyan hannu, ta wuce ga na gaba, har ta ƙare a ƙarfen ƙofa. Zare ɗaya, babu yankewa. Duk wanda ke jikinsa, haske zai wuce ya bar shi yadda ya same shi.

To, akwai wata tela da mijinta kafinta, suna zaune da tsohuwar uwarsa. 'Yarsu ɗaya tana gidan aurenta. Telan nan shekara talatin tana ɗinki, kuma ba ta taɓa neman almakashi don yanke zare ba. Ta ƙulla, ta sunkuya, ta ciza, ƙat. Shi ya sa mijin yake kiranta Almakashi. Yakan ce ranar da haƙoranta suka zube sai an rufe shago, ita kuma ta ce ya fara gyara kujerar da yake zaune a kai, wadda ta fi uwarsa ciwon ƙafa.

Rannan tana kan keken ɗinki tana haɗa hannun riga, sai tsohuwa ta nuna mata kofi. Ruwan ya karkata. Ta zari zare ta nufi mijin, yana kan gurguwar kujerarsa bakin taga, ya ɗaga kai yana kallon sama. Ta ɗaure masa hannu, ta ƙulla, ta sunkuya. Sannan ta wuce ta ɗaure tsohuwa, ta ɗaure kanta, ta kai ƙarfen ƙofa. Sai da koren haske ya cika ɗakin ta ji ɗan guntun zare a kan harshenta.

Da Labule ya wuce, komai yana nan. Keke yana nan, tsohuwa tana nan. Shi ma yana nan kan kujerarsa, ana ganinsa sarai, taku huɗu a ido. Ta doshi wurinsa, ta yi ta tafiya har ƙafafunta suka yi nauyi, da ta waiga sai ta ga ko faɗin tafin hannu ba ta ci ba. Ta dawo. Ta ɗauki allin ɗinki ta ja layi a daidai inda ƙasan ɗakin ta fara miƙewa.

Ba ta yi kuka ba. Maƙwabta sun shigo suna jira ta yi, ba ta yi ba, sai ta tambaye su ko akwai mai ɗinkin da zai karɓa. Da suka watse ta tsaya bakin layin ta ce, “Maigida, ni na ciji zaren.” Bai motsa ba. A can wurinsa komai a hankali yake tafiya. Ɗaga hannu kan ci masa wuni guda. Muryarsa ta farko sai bayan wata biyu ta iso, tela tana cikin gugar kaya. Cewa yake, “Kai, kalli koren nan.” Maganar da ya yi tun ranar ke nan.

Tsohuwa ba ta taɓa zaginta ba, kuma da ta zage ta da ya fi sauƙi. Ita ce ma ta tuna abin da magabata suka ce, wai idan zare ya kai ga mutum kafin Labule ya dawo, haske kan maido shi. Sai tela ta ɗauko wata motar wasa ta katako da ya taɓa sassaƙa wa 'yarsu, ta ɗaura mata zare, ta tura ta ƙetare layin.

Motar ta yi ta tafiya, zare yana bin ta. Kullum sai ta cinye zare mai yawa, a ido kuwa kamar ba ta gusa ba. Idan tela za ta haɗa sabon zare da tsoho, sai ta ɗaure bakinta da ƙyalle tukuna, saboda ba ta ƙara yarda da haƙoranta ba. Zaren shago ya ƙare, ta warware rigunanta. Maƙwabta suka riƙa ajiye mata nasu a ƙofa ba tare da sun shigo ba. Tana shara ta tsaya a layi. Tana zuba abinci kwano uku ta mayar da ɗaya tukunya. Idan aka tambaye ta ya jiki, ta ce lafiya, kuma ba ƙarya take yi ba, babu inda ke mata ciwo.

A shekara ta uku motar ta kai kusa da ƙafarsa, saura kamar tsawon yatsa. Shi kuma ya gan ta, ya fara sunkuyawa. Mako guda ana kallon hannunsa yana sauka. Da hantsin wata rana, kafin hannun ya kai ga motar, tsohuwa ta sake nuna kofi.

Tela ta ɗaure tsohuwa, ta ɗaure kanta, bakinta a ɗaure. Hasken ya shigo, ya fita. Ɗakin ya koma taku huɗu, amma babu kujera, babu mai ita. Motar ce kaɗai a ƙasan taga, da tulin zare har gwiwa. Ta zauna ta fara naɗe shi, ya ɗauke ta wata biyar.

Muryarsa dai ba ta gama isowa ba. Wata rana ya tambayi inda ya ajiye gudumarsa. Bayan shekara guda, tana saka maɓalli, sai ta ji shi kusa da kunnenta: “Na gani, Almakashi, ga guntun a hannuna. Haƙoran ne, ba ke ba. Kin ci abinci?”

Ta ce ta ci. Ta ƙulla zaren maɓallin, ta laluba ta ɗauko almakashi ta yanke.

Tsohuwa ta rasu a daminar da ta biyo baya. 'Yar ta zo ta ɗauki motar ta kai wa 'ya'yanta. Shi kuwa kafinta, ba a sake ganinsa ba, ba a kuma sake jin muryarsa ba. Tela ta ci gaba da ɗinki a ɗakin har idonta ya daina ganin kafar allura, kuma ta mutu da haƙoranta cikakku.