Fulogi Huɗu a Cikin Tsumma

Motar ta sake yin tari a daidai shataletale, ta girgiza kamar mai zazzaɓi, sai da Ma'aji ya taka totur har ƙasa sannan ta yarda ta wuce. Direban bas ɗin da ke bayansu ya leƙo ta taga ya faɗi wata magana da ba ta maimaituwa.

"Karo na uku ke nan tun fitowarmu daga gida," in ji matarsa, tana rungume da littattafan ɗalibanta a cinya. "Juya mu je wajen Baba."

"Man da aka zuba mini jiya ne ba shi da kyau. Za ta ware."

"Tun makon jiya take warewa. Ni dai ba ni da aji sai ƙarfe goma sha ɗaya. Kai kuma ka kira ofis ka ce za ka makara. Haba, a ce ubana bakanike ne, amma mota tana kunyata mu a titi?"

Ya gangara gefe, ya ɗauki waya, ya kara a kunne, ya gaisa da ba kowa, ya ba ba kowa haƙuri, har da cewa "na gode, ranka ya daɗe". Da ya ajiye wayar sai ya ji bayan rigarsa ya jiƙe sharkaf.

Wata uku ke nan da aka sallame shi. Shekara goma sha ɗaya ya yi yana riƙe da makullin sito a wani kamfanin robobi da ke can bayan gari, tafiyar kilomita arba'in a babban titi, har sunansa na yanka ya ɓace, gida da waje kowa Ma'aji yake kiransa. Ranar da aka rage ma'aikata ya dawo da takardar sallama a aljihu, ya tarar matarsa tana goge masa rigunan mako tana 'yar waƙarta. Ya ce a ransa gobe zai faɗa mata. Goben ce har yau ba ta zo ba. Kullum da safe sai ya sa riga mai guga, ya sauke ta a ƙofar makaranta, ya zagaya bayan wani babban kanti inda ake ajiye motoci, ya faka ƙarƙashin bishiya. Nan zai wuni yana tura takardun neman aiki ta waya, gilashi a rufe, esi mai sanyaya mota a kunne, inji yana ta aiki a tsaye, kuɗin sallama na tafiya a mai. Ya sani sarai ɓarna ce. Amma ya lura mutumin da ke zaune cikin mota a kunne, kowa ɗauka yake wani yake jira. Wanda ke zaune cikin mota a kashe kuwa, ana ganinsa an san ba shi da wurin zuwa.

Garejin surukinsa rumfa ce ta kwano manne da gidansa, ƙasanta ya yi baƙi ƙirin da baƙin mai na shekaru. Tsohon shi kaɗai yake aiki, don ya ce ya gaji da koya wa mutanen da ke ɗaure noti da ƙarfin tuwo. Mutanen layin Mai Kunne suke ce masa, saboda mota tana shan kwana yake faɗin ciwonta. Yau ma kafin su tsaya ya fito daga ƙarƙashin wata tsohuwar akori-kura yana goge hannu.

"Uwata, ke ce da safiyar nan? Ma'aji, ashe ana ganinku. Na ɗauka ka yi sabon bakanike ne."

Ma'aji ya rusuna har ƙasa ya gaishe shi. "Ayyuka ne suka yi yawa, Baba."

"Allah ya taimaka. Bar ta a kunne in ji." Ya ɗaga bonet, ya karkata kai kamar mai sauraron gulma ta bayan ƙofa. Ya zagaya baya ya tara tafin hannu a bakin salansa, ya shinshina. "Da ƙafa uku take tafiya, fulogi ɗaya ba ya aiki. Kashe ta. Sai ta huce, ba a kwance fulogi inji da zafi, zaren zai ci. Uwata, shiga ki gaida mahaifiyarki, tun shekaranjiya take mitar kin manta da ita."

Ta shige gida, suka rage su biyu a kan benci. Tsohon ya tambayi jikokinsa, ya tambayi hanya, ko an gyara wannan ramin da ke kusa da gada. Ma'aji ya ce an gyara. Bai sani ba ko an gyara, rabonsa da gadar wata uku. Ƙarya a gaban mutumin nan wani irin ɗaci gare ta. Shi ne ya zaɓo masa motar da kansa, ya kwana biyu yana dubanta kafin ya ce a saya, kuma bai taɓa karɓar ko sisi na aikin hannunsa ba. Abin da ya taɓa roƙonsa ɗaya ne, ranar da ya ba shi 'yarsa: kada ya bar ta cikin duhu a kan komai.

Da injin ya huce, tsohon ya zare wayoyin ɗaya bayan ɗaya, ya busa ƙurar da ke ramukan, ya zura doguwar sifana. Ya fito da fulogi na farko ya ɗaga shi sama wajen haske. Ya ajiye a kan tsumma. Na biyu, na uku, na huɗu, ya jera su yadda suka fito. Dukkansu bakinsu ya yi baƙi, wani baƙi busasshe mai laushi irin na gindin tukunya.

"Matso ka gani," in ji shi. Ya shafa ɗaya da babban yatsa, yatsan ya yi baƙi. "Da a jiƙe yake yana maiƙo, sai in ce inji ya fara shan baƙin mai. Wannan a bushe yake. Hayaƙi ne ya taru." Ya miƙa hannu kan kanta ya ɗauko wani tsohon fulogi daga gwangwani. "Wannan na wani mai tasi ne da ke yin doguwar hanya. Ka ga bakinsa? Ruwan ƙasa, tas da shi. Motar da ke gudu a babban titi da kanta take ƙone dattinta."

"Wataƙila man ne, Baba."

"Wataƙila."

Ya buɗe gidan matatar iska ya duba, ya mayar. Ya kunna makulli ba tare da ya tayar da inji ba, ya leƙa mita. Sannan ya buɗe ƙofar direba sosai ya sunkuya wajen 'yar takardar da yake mannawa duk lokacin da ya canza baƙin mai, wadda yake rubuta lambar mita a kai da birosa. Ya daɗe a sunkuye. Ma'aji ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Ya manta da takardar nan sam, kullum yana wuce ta da gwiwarsa. Bayan watannin nan, lambar mita ba ta yi nisa da wadda ke jikin takardar ba.

Tsohon ya miƙe a hankali, hannu a ƙugu. Bai dube shi ba. Ya shiga ɗan ɗakin da yake ajiye kaya ya fito da ƙananan kwalaye, huɗu a hannun dama, huɗu a hagu, ya ajiye su a kan benci, kashi biyu.

"Duka za su shiga motarka, tsawonsu ɗaya, zarensu ɗaya. Waɗannan irin waɗanda na cire ne, na motar da ke cin kilomita tamanin a rana. Waɗannan kuwa sun fi riƙe zafi. Su nake sa wa motar da ke wuni a tsaye inji na aiki, don zafin ya riƙa cinye hayaƙin. Amma in ka hau babban titi da su kullum kana gudu, za su yi zafi fiye da kima, su iya yi wa fistin illa. In kuma na sa maka na farkon ka koma ka tsaya, wata biyu za ka dawo mini da tari." Ya zauna ya ɗauki tsumma yana goge sifana. "Ni ban san inda motar nan take wuni ba. Kai ka sani. Zaɓi."

Daga cikin gida ana jiyo dariyar matarsa da ta uwarta. Wani mai babur ya tsaya neman iska, tsohon ya nuna masa gaba da hannu. Ma'aji ya tsaya yana kallon kwalayen nan takwas. Da zagi tsohon ya yi, da ya fi masa sauƙi. Ya yi tunanin ya ɗauki na farkon, ya yi godiya, ya tafi, ya sami wani bakaniken a wata unguwa ya canza. Hannunsa har ya nufi can. Sai ya ga yatsan tsohon da baƙin hayaƙin motarsa a jiki, kunya ta rufe shi har wuya.

Ya ɗauki na biyun ya miƙa, idonsa a ƙasa.

Tsohon ya karɓa. "Tun yaushe?"

"Wata uku, Baba. Rage ma'aikata aka yi. Wallahi ba wani laifi na yi ba."

"Na tambaye ka laifi?" Ya buɗe kwali, ya zaro siririn ƙarfen awo ya gwada tazarar bakin fulogin, ya ɗan ƙwanƙwasa shi a jikin benci, ya sake gwadawa. "Ni sau biyu ana rushe mini gareji. Na biyun, wata shida ina gyara a bakin titi, kayan aikina a buhu. Uwar matarka, wadda kake jin dariyarta a ciki, ita ke riƙe mini buhun. Zo ka ɗaura da kanka. Da hannu za ka fara, ba da sifana ba. In ya hau zare daidai zai tafi salin-alin. In ka ji ya cije, kada ka tilasta, dawo da shi baya ka sake."

Ma'aji ya naɗe hannun rigarsa mai guga ya sunkuya. Na farko ya cije. Ya dawo da shi, ya sake, ya tafi. Tsohon yana bin bayansa da sifana yana ƙara ɗan juyi kaɗan, yana mayar da kowace waya gurbinta. Da aka tayar da motar sai ta kama lafiya lau, ba tari ba rawa.

Matar ta fito tana gyara mayafi. "Kai, ji yadda ta koma sabuwa. Baba, me ya same ta?"

Tsohon ya naɗe baƙaƙen fulogin nan huɗu cikin tsumma, ya ƙulle, ya danƙa wa surukinsa a hannu.

"Na yi wa mijinki bayani duka, ya kuma gane. Shi zai gaya miki, ya fi ni iya magana." Ya rufe bonet ya danna da tafin hannu. "Ni dai ban taɓa yi miki ƙarya ba, Uwata. In kin sake tambayata gobe, zan faɗa miki da bakina."

Ta yi dariya. "Yau kuma fulogi ne ya zama abin sirri? Ma'aji, dubi rigarka, haka za ka shiga ofis?"

Suka hau titi. Tana ta ba shi labarin ƙanwarta da rigimar masu haya, yana amsawa da "uhm". Ƙullin tsumman yana cikin aljihunsa yana tokarin cinyarsa. Goma da kwata suka iso mahaɗar da ake juyawa dama zuwa makaranta. Ya sa sigina ta dama, ya bar ta tana ƙyaftawa, motocin baya suka fara oda. Sai ya kashe ta ya miƙe.

"Ka wuce kwanar."

"Na sani. Akwai inda zan nuna miki, minti goma ne."

Ta dube shi. Ya zagaya bayan babban kantin. Mai gadin wurin, wani dogo mai hular saƙa, yana hango motar ya taso da fara'a ya janye ƙarfen da ya tare hanya, ya ɗauke wata tsohuwar taya da ya ajiye ƙarƙashin bishiya.

"Yallaɓai, yau ka makara. Na ce ko lafiya, don ba ka taɓa wuce takwas ba. Ga wurinka nan na tsare maka, tun ɗazu wani yake so ya shiga na hana." Ya leƙo ya ga mace, ya rusuna. "Sannu da zuwa, Hajiya. Ashe yau dai wadda ake jira ta iso."

Ma'aji ya gyara fakin a inuwar. A ƙasa, daidai inda salansa take tsayawa kullum, siminti ya yi wani baƙin tabo, ta gan shi tun suna shigowa. Ta juyo gaba ɗaya tana kallonsa, littattafan sun zame daga cinyarta ba ta kula ba.

Ya zaro ƙullin ya kwance, ya ɗora mata a tafin hannu. Baƙin ya shafi yatsunta, ba ta janye ba. Hannunsa ya kai kan maɓallin esi don sabo, ya fasa. Ya murɗa makulli ya kashe motar, ya sauke gilashi duka biyun, hayaniyar titi da zafin rana suka shigo.

"Ki kira makaranta," ya ce. "Ki ce musu za ki makara."