Ƙugiyar da Raliya Ta Manta

"Inna, ba ke kinka ce babu abin tsoro a ciki ba?"

Muzdalifa ce ta jefo tambayar da ƙarfi, a gaban yara sittin da iyayensu mata, a wata firamare a Bungudu. A jikin farin ƙyallen da aka rataya kuwa, ga wata ƙatuwar kura ta miƙe a bayan motar kasuwa, haƙora a waje.

Sana'ar Raliya, uwar Muzdalifa, ke nan, mai da littafin yara katun. Ita ke tsara labari a Gusau, ta aika wa Munzali mai zane a Tsafe ta waya. Wannan ne fim ɗinta na farko, kuma shugabar makarantar ta ce in ya yi kyau, akwai littattafai huɗu suna jiranta. Wata uku Raliya ta yi tana tankaɗe littafin. Ta cire maciji. Ta cire rijiya, kada wani yaro ya koyi leƙe. Har wuƙar da kakar da ke cikin labarin ke yanka kuɓewa da ita ta mayar cokali. Sannan ta bi iyaye ɗaya bayan ɗaya tana alkawarin ba yaron da zai yi mugun mafarki. Ƙarshen fim ɗin ne kawai ba ta duba ba, don ta san babu komai a wurin sai mota.

Munzali ma ya zo kallon, sai ta ja shi gefe. Bai yi musu ba, ya buɗe waya ya nuna mata saƙonta: mota ta wuce, kura ta tashi a bayanta. Nan ta tuna ranar, tana dama koko da hannu ɗaya tana rubutu da ɗayan, ba ta tsaya danna harafin k har ƙugiyarsa ta fito ba.

"Ƙura nake nufi, Munzali. Ta ƙasa."

"Hajiya, abin da kinka rubuta shi anka zana."

Ya ce shi ma ya yi mamaki, amma ya ɗauka tausayin yaran ne ya kama ta a ƙarshe, ganin ba ta bar musu komai na burgewa ba. Kwana tara ya yi a kan gashin wuyan kaɗai.

Ta juyo tana haɗa kalmomin ban haƙuri, sai ta tarar yara sun miƙe suna roƙon a maido wurin kurar. Sau huɗu aka maido. Ƙorafi ɗaya aka samu, daga wata tsohuwa da ta nemi a nuna mata garin da ake yanka kuɓewa da cokali.

Shugabar ta ba ta littattafan huɗu, bisa sharaɗin kurar ta fito a kowanne. Yau ko a tashar Bungudu, Inna Mai Kura ake kiranta, kuma tana amsawa.

Kai mai karatu, in za ka rubuta ƙura, ajiye ludayin ka danna harafin da kyau. In ka yi sake, abin da ya tashi a bayan motarka, kai za ka ciyar da shi.