Fitilar Dubiya

Tsotso ake kiransu, don aikinsu ke nan. Ƙwayoyi ne baƙaƙe da ba su kai gishiri girma ba, suna yawo a iska suna shan haske. Idan sun ƙoshi sai kowace ta rabu biyu. Tun da suka bayyana, tsakar rana ta koma kamar dab da faɗuwarta, sabon ƙwan lantarki kuma ba ya daɗewa yake yin baƙi kamar gindin tukunya.

Auta tana cikin masu wanke fitilun titi. Mahaifinta tela ne. Ya saba kai fuskarsa kusa da fitilar keken ɗinki, ta nan tsotso suka shiga idanunsa. Likita bai ɓoye mata komai ba. Ya ce a rufe shi a ɗakin da ko ɗigon haske ba ya shiga, har yunwa ta kashe su, hawaye ya wanko su. Idan ya kalli wuta kafin nan za su sake rabuwa, kuma ido ba ya ɗaukar zagaye na biyu.

Ta toshe taga da kwali da bargo. Ta kwance ƙwan lantarkin, ta cusa tsumma a ƙarƙashin ƙofa, ta karɓe wayarsa. Da lalube take ba shi abinci.

"Hancina ne nan, Auta," in ji shi. "Bakin yana ƙasa kaɗan, inda kika bar shi jiya."

Da aka kwana biyu, hankicin da take goge masa ido ya fara fitowa da baƙi-baƙi. Likita ya duba ya ce suna mutuwa, a ƙara haƙuri.

Matsalar 'yan dubiya ce. Tun da haske ya yi wuya, ba wanda yake zuwa gaida mara lafiya sai da 'yar fitila. A kunna a gefen gadonsa, ya kalla, ya yi godiya. Wanda ya zo babu ita, an ɗauka ya fid da rai da mutumin. Auta tana tare su a bakin ƙofa, ta karɓi fitilun ta jera a kan teburin yankan yadi ba tare da ta kunna ba. Maƙwabta suka fara cewa ta binne ubanta da ransa. Ta ji, ta ci gaba da tare ƙofa.

Ranar da Gwaggo, yayar mahaifin, ta iso, Auta tana kan tsani a wurin aiki. Yayanta ne a gida. Da ta dawo da rana, tun daga falo ta hango zaren haske a ƙasan ƙofar. An janye tsumman. Yayan yana tsaye a gefe yana sosa ƙeya.

"Na faɗa mata," ya ce. "Ta ce in kauce. To Gwaggo ce, ya zan yi?"

Auta ta tura ƙofa. Fitila tana ci a kan kujera, tela yana zaune ya zuba mata ido, hawaye suna bin kumatunsa.

"Gwaggo, likita ya hana!"

"Likitan ne ya goya shi ko ni?" in ji Gwaggo. "In taso takanas in zauna da ƙanena a duhu kamar na zo zaman makoki? Ke dai ba ki da kunya."

"Bar ta, Auta," tela ya ce yana murmushi. "Na ga fuskarta. Ta tsufa ƙwarai."

"Ji mara mutunci. Kai ka ga taka?"

Dariya suka yi su biyun. Auta ta miƙa hannu za ta kashe fitilar, mahaifinta ya riga ta magana.

"Kafin ki kashe, ɗan ƙara lagwanin in sake ganinta. Ta yi ƙasa."

Fitilar ba ta yi ƙasa ba. Harshen wutar yana tsaye har yana lasar gilashi. Gwaggo ta kalli wutar, ta kalli ƙanenta, ta daina dariya.

Washegari likita ya zo. Ya ɗaga fatar idon ya duba, bai daɗe ba. A falo ya gaya wa Auta cewa tana iya buɗe tagar, duhun ba shi da sauran amfani. Gwaggo ta haɗa kayanta ta tafi, ta bar fitilarta a kan teburin yanka tare da sauran.

Auta ta cire bargon ta ninke, ta ɓamɓare kwalin. Ɗan hasken da ya rage wa ranar ya sauka a fuskar mahaifinta. Bai ƙifta ba.

"Motsin me nake ji?" ya tambaya.

"Gyara nake, Baba."

"Yaushe likitan ya ce za a buɗe tagar?"

Ta ajiye bargon a ƙarshen gado.

"Saura kaɗan," ta ce.