Bangon da Ya Ƙi Faɗuwa

Ƙanwata Bahijja ba ta taɓa yin aikin da mutum zai rataya a ɗaki ya ji daɗi ba. Zane ta karanta a jami'a, amma da ta dawo gidanmu a Mandawari sai ta ajiye fenti. Wata shekara ta bi Kasuwar Kurmi da rikoda tana ɗaukar muryar masu ciniki. Wata shekarar ta rina fararen ƙyallaye ta shanya su a rana har suka koɗe, ta ce koɗewar ita ce aikin. Ni malamar firamare ce, na sha gaya mata cewa wannan wahala ce kawai da sunan ilimi. Dariya take yi.

A ƙarshen mulkin soja ta zo da maganar bango. Ta sa magina suka tayar mata da bangon tubali a wani kango kusa da gidanmu, ba siminti, ba rufi. Tun yaɓen yana ɗanye ta bi gida-gida tana kiran matan da mulkin ya taɓa, kowacce ta danna tafin hannunta a jiki. Wasu suka ce tsafi ne. Ta ce ba tsafi ba ne, ƙasa ce, kuma damina za ta cinye ta. Faɗuwar bangon ita ce aikin.

Baba Turai, maƙwabciyarmu, ita ta fi ba ta wuya. Ɗanta Nazeer direba ne, an harbe shi a shingen sojoji a hanyar kudu, ko gawarsa ba a kawo mata ba. Tun daga ranar ta kulle ɗakinsa, ba mai shiga.

"Idan na sa hannu, me zai faru?" ta tambayi Bahijja.

"Ruwa zai zo ya tafi da shi, Baba. Kina gani da idonki."

Tsohuwar ta je ta danna hannunta a jikin bangon. "To, ranar da ya faɗi zan buɗe ɗakin, in yi sadaka da kayansa."

Aka miƙa mulki ga farar hula, hadari ya fara haɗuwa a gabas. Sai ga sabon kansilanmu, Alhaji Abdulbaƙi, mutumin da duk shekarun nan ko tari ba mu ji ya yi ba. Wani ya gaya masa 'yan jarida sun ɗauki hoton bangon. Bahijja ta tafi Zariya kwana biyu, kafin ta dawo an kafa ƙarafa, an buga rufin kwano, an zuba siminti a gindi, an bi kowane tafin hannu da fentin mai. Har da allo mai sunanta, da nasa a sama da manyan baƙaƙe.

Na raka ta ofishinsa, raina a ɓace fiye da nata.

"Ranka ya daɗe, bangon nan don ya rushe na gina shi," in ji Bahijja.

Ya yi dariya har da buga tebur. "Haba Malama! Wa zai gina abu don ya rushe? Yanzu dimokuraɗiyya ake yi, ba za mu bar tarihi ya lalace ba. Godiya ya kamata ki yi."

"Na yi wa mutane alkawari."

"Ai yanzu kayan jama'a ne. Duk wanda ya taɓa shi, hukuma ce za ta taɓa shi."

Ya kuwa sa mai gadi. Damina ta zo da ƙarfinta, katangun mutane suka yi ta zubewa a unguwa, bangon Bahijja yana tsaye a bushe yana sheƙi. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne, wannan bangon ne ya fitar da sunanta. Gayyata daga Legas, gayyata daga ƙasar waje, kowa hoton bango mai rufin kwano yake so. Ta je, ban ce kada ta je ba, amma na san ba ta iya kallon hoton.

Baba Turai kuwa duk ranar da aka yi ruwa sai ta yafa mayafi ta fito, ta tsaya a bakin ƙarfen ta duba, ta koma. Da kaka ta yi Bahijja ta kasa jurewa, ta ja ni muka shiga wajenta. Muka tarar da ita a tsakar gida, bayanta jingine da ƙofar ɗakin Nazeer. Bahijja ta durƙusa.

"Baba, ki buɗe ɗakin nan, don Allah. Kada ki jira bango. Ƙasa ce kawai da ruwa, ba komai ba ne."

Ban taɓa jin ƙanwata ta faɗi haka a kan aikinta ba, duk da shekarun da na yi ina so ta faɗa. Da na ji, sai na ji ba daɗi.

Baba Turai ta dube ta ba fushi. "Ranar da kika zo neman hannuna ba haka kika ce mini ba, 'yar nan."

Ta gyara zamanta a jikin ƙofar, ta ce mu gaida mutanen gida.