Wa Ke Buga Mata Kik da Yamma?

Tun da yanar ido ta fara rufe wa Direba gani ya miƙa wa matarsa makullin mota, aiki ɗaya ne ya rage masa, shi ne tayar da motar da safe. Motar ba ta tashi sai an buga ta. Matar za ta shiga ta zauna, ta gyara mayafi, ta murɗa makulli, motar ta ce "ƙas" ta yi shiru. Sai Direba ya ɗaga bonet, ya zura hannu can ƙasan inji inda kik yake, wato ɗan injin nan da ke fara juya babban, ya laluba shi, ya ɗora masa gindin sifanar taya.

"Murɗa!"

"Na murɗa, Malam."

"Ki riƙe, kada ki saki."

Sai ya doka. Wata rana duka biyu ya isa, wata rana sai ya yi gumi. In ta tashi sai ya rufe bonet, ya shafa shi, ya tsaya bakin ƙofa yana sauraren ƙarar har ta ɓace a kwana. Matar ta tafi shagonta na yadi, shi kuma ya koma kan tabarma da rediyonsa. A ganinsa kik barci yake yi mai nauyi, irin na wanda ya yi doguwar tafiya, kuma hannun da ya sani kaɗai yake amsa wa.

Ƙanin matar, wanda ake kira Auta duk da furfurar da ke gemunsa, mai wayarin mota ne. Ya daɗe yana cewa a canza kik ɗin.

"Yaya Direba, wannan ba mota ba ce, jaki ce. Sai da bulala?"

"Lafiyarta lau. Kai dai kana neman abin kwancewa."

Wata safiya Direba ya zura hannu kamar kullum, sai yatsunsa suka tsaya. Ya san nasa tabban a jikin kik, manya ne, a warwatse, kamar inda akuya ta taka laka. Amma can gefe, wajen da sifanarsa ba ta kaiwa, ya ji wasu ƙananan lotsawa a jere, zagayayyu, kowanne daidai da ɗan'uwansa. Ya bi su da ɗan yatsa daga farko har ƙarshe, ya dawo.

"Malam, na makara fa," in ji matar daga cikin mota.

Ya doka, motar ta tashi, ta tafi. Bai koma tabarma ba. Yana nan tsaye da sifana a hannu wata tambaya ta zo masa, wadda bai taɓa yi wa kansa ba. Motar da ba ta tashi sai an buga ta, da yamma fa? Wa ke buga ta a can?

Wunin ranar rediyo ya yi ta magana shi kaɗai. Direba ya jera mazan layin shagon a ransa: mai ɗinki, mai gyaran takalmi, mai sayar da bokitai. Duk masu hannu kamar faranti ne, ba wanda zai yi wannan ɗan duka mai tsafta. Da la'asar ta yi ya sa hula, ya ɗauki sanda, ya hau motar haya.

Ya sauka nesa da shagon, ya raɓe bayan tulin bokitai. Daga nan ba ya ganin fuska, sai launi. Ya ga shuɗin motar. Ya ji ƙarar ƙofar shago ana ja, ya ga jan mayafin matarsa ya shiga mota. Sai wani farin abu dogo ya fito daga rumfar da ke jikin shagon, yana tafiya a hankali kamar ba ya son ƙura ta san da shi. Direba ya tuna rumfar. Ta mai gyaran agogo ce, wanda matarsa ta rasu, mai fararen kaya kullum.

Bonet ya ɗagu ba tare da kowa ya roƙa ba.

"Bismillah, ranki ya daɗe," in ji farin abin.

Tak. Ƙara ɗaya, siririya, kamar cokali ya taɓa kofi. Motar ta tashi.

"Kai, hannunka da albarka!" in ji matar, ta yi dariya. Direba ya san dariyar. Ya ɗauka ta tsufa tare da su ta daina fitowa, ashe tana nan, wurin aiki take zuwa.

"Sai gobe in Allah ya kai mu. A gaida maigida."

"Zai ji."

Bai taɓa ji ba. Ko sau ɗaya ba a kawo masa gaisuwar nan ba. Ya tsaya har mai bokitai ya tambaye shi ko wanne yake so, sannan ya juya. Da ya isa gida ya tarar da ita tana wanke hannu.

"Ina ka shiga haka, Malam, da idon nan naka?"

"Na je shan iska."

"Ka sha kuwa, ga ta nan a fuskarka."

Ya zauna, ta kawo abinci, ya yi loma biyu ya ture.

"Wai da yamma motar nan tana ba ki wahala?"

"Ina fa. Maƙwabcina mai agogo yana da 'yar guduma kamar ta wasan yara. Taɓawa ɗaya."

"Taɓawa ɗaya."

"Wallahi. Ko rigarsa ba ta ɓaci."

Direba ya dubi hannun tasa rigar, inda baƙin mai ya zauna tun bara.

Washegari ranar hutun shago ce. Tun da hantsi ya aika aka kira Auta. Auta ya zo da jakar kayan aiki, ya ajiye, ya riƙe ƙugu.

"Yau wace rana? Jakin ya ƙi bulala?"

"Ka duba min kik ɗin nan."

"Wanda lafiyarsa lau?"

"Auta, ban kira ka wasa ba."

Auta ya dube shi, ya haɗiye sauran maganar. Ya ce ba zai kwance komai ba sai ya tabbatar laifin na kik ne, don sau da yawa batir ke yin ɓarna a kama kik. Ya cire kawunan batir, ya kankare farin garin da ya taru a kansu, ya mayar ya ɗaure tam. Ya kunna manyan fitilu, ya sa Direba ya tsaya gaban mota.

"Wannan dai kana gani ko?"

"Haske ina gani. Fuskar munafukai ce ba na gani."

"To ka sa ido. In na murɗa suka dushe, batir ne."

Ya murɗa. Ƙas. Fitilun ko gezau.

"Suna nan," in ji Direba.

Auta ya danna ham, ya yi ƙara har kajin maƙwabta suka watse. Ya duba fiyus, ya bi siririyar wayar da ta taho daga makulli zuwa kik, ya sa 'yar fitilar gwaji, ta kama da aka murɗa. Wuta tana isa ke nan. Ya ɗauki sukudireba ya haɗa ƙarafa biyun da ke bayan kik kai tsaye. Tartsatsi ya tashi, kik bai motsa ba.

"Shi ne," in ji Auta. "An kai masa abinci har baki ya ƙi ci."

Ya sake cire kan batir, na baƙar waya tukuna, don kada sifana ta taɓa jikin mota wuta ta tashi. Ya ɗaga motar da jak, ya sa mata dutse, ya shimfiɗa kwali ya shige ƙasa. Direba ya tsuguna yana miƙa masa sifana, yana gane kowace da nauyinta a hannu. Noti ɗaya ya yi gardama, Auta ya zage shi, ya saki. Can sai ga kik ya fito, baƙi, mai nauyi, kamar kan wata dabba da aka tono.

Auta ya buɗe shi a kan kwalin. Ya zazzage baƙin gari, ya ciro wasu 'yan guntaye ya sa a tafin Direba.

"Ji nan. Buroshi ke nan, su ke kai wuta ciki. Sun cinye kamar haƙoran kakarmu, ba sa taɓa inda ya kamata. In aka buga sai su girgiza su ɗan taɓa, shi ya sa take tashi."

"To a sa sababbi."

"Da su kaɗai ne da na sa. Kawo yatsanka." Ya kai yatsan Direba cikin gwangwanin kik ɗin. "Ka ji tsagewa? Maganaɗisu ne ya fashe. Nan daidai inda kake sauke masa sifana kamar kana fasa dutse." Ya juya gwangwanin, sannan ya yi fito. "Amma wannan fa? Waye wannan? Dubi yadda ya san daidai inda buroshi suke. Wannan hannun likita ne, Yaya. Da shi kaɗai ke bugawa da kik ɗin nan ya ƙara shekara."

"Ban tambaye ka ba."

"Au, ka san shi ke nan."

"Auta!"

"Na yi shiru. Allah ya ba ka haƙuri, mijin yayata."

Suka tafi kasuwar kayan mota da tsohon a cikin buhu, don a gwada da sabon. Auta ya jera su biyu, ya duba ramukan noti sun zo daidai, ya duba haƙoran da ke kama babban inji iri ɗaya ne. Ya sa mai shagon ya haɗa sabon da batir a gabansu. Haƙoran suka yi tsalle waje suka juya, fiiii, har abin ya nemi ƙwacewa daga ƙarƙashin ƙafar mai shagon. Direba ya ce a sake. Aka sake.

"Wannan ba ya bukatar kowa ko?" ya tambaya.

"Ko kallonsa ba sai an yi ba, Baba," in ji mai shagon.

Kafin azahar Auta ya ɗaura shi. Ya fara kama notuna da hannu don kada su hau karkace, sannan ya ɗaure, ya mayar da babbar waya da ƙaramar, ya bar kan batir na baƙar waya a ƙarshe. Ya murɗa makulli, motar ta tashi tun kafin ya gama murɗawa. Direba ya ji daɗi har cikin ƙashinsa. Yana ganin farin abin nan a ransa, ya fito daga rumfa da 'yar gudumarsa, ya tarar ba kowa sai hayaƙi.

Da safe matar ta shiga, ta gyara mayafi, ta jira.

"Malam, bonet."

"Murɗa kawai."

Ta murɗa. Motar ta tashi. Ta yi salati, ta kashe, ta sake murɗawa, ta sake tashi.

"Kai, Allah ya yi wa Auta albarka!" in ji ta, ta ja ta tafi. Duka abin bai kai a sha ruwa a ajiye kofi ba. Direba ya tsaya a bakin ƙofa, hannuwansa biyu tsaf, bai san inda zai sa su ba. Ko sunansa bai fito a cikin albarkar ba.

Ya yi haƙuri da wannan, ya jira yamma. Lokacin dawowarta ya yi, ba ta dawo ba. Inuwar katanga ta ci tsakar gida, ta hau ƙofar ɗaki. Duk motar da ta shigo layin sai ya miƙe, ya ji ba ita ba ce, ya zauna. Rana tana gab da faɗuwa ta shigo, fuskarta a sake, hannunta cike da leda.

"Lafiya? Motar ce?"

"Motar? Ai motar ta zama amarya. Da can ka san ba na iya kashe ta ko'ina, daga gida sai shago, don ban san wa zai tayar min ba. Yau kuwa na tsaya wajen ƙawata da ta yi ciwo, na tsaya na duba sabon yadi wajen dillali, na biya ta wajen mai kifi." Ta ajiye ledojin. "Har mai agogo na rage wa hanya. Bawan Allah, ya fito da gudumarsa ya ga ba aiki, ya tsaya kamar maraya. Na ce shigo in sauke ka, ai hanya ɗaya ce."

"Ya shiga?"

"Ya shiga mana."

"Gaba ko baya?"

Ta tsaya da ledar kifi a hannu, ta dube shi sosai. Murmushi ya fara daga gefen bakinta, ta danne shi.

"Baya cike yake da yadi, Malam."

Sai a lokacin Direba ya gane abin da ya yi. Da hannunsa ya buɗe mata gari gaba ɗaya, ya kuma ɗauko mutumin daga gaban bonet ya zaunar da shi a kujerar gaba.

"Gobe da ni za a tafi shago," ya ce.

"Ka yi me a can?"

"In riƙe miki bakin yadi in kina awo. Ido ne ba ni da shi, hannu yana nan."

"Wuni guda fa ne. Ba tabarma, ba rediyo."

"Na ji."

"Kuma da yamma in zan rage wa maƙwabcina hanya?"

"Ya shiga baya. Ya riƙe yadin a cinya."

A nan dariyar ta ƙwace mata, ta zauna a bakin ƙofar kicin tana yi har da share ido. Direba bai taya ta ba. Ya tashi ya shiga ɗaki, ya buɗe akwati, ya fara laluben riga mafi fari da yake da ita.