Kan Rago a Gaban Arkadi

Ni Baglan, shekara goma sha takwas na yi ina buga hoki a kan ƙanƙara a garinmu Oskemen, kuma tsakanina da Allah ban taɓa zama gwani ba. Ɗan baya ne ni. Aikina in tsaya gaban ragarmu in tare duk abin da ya taho, faifan robar da muke bugawa a madadin ƙwallo ne ko ƙato. Haƙorana na gaba duk na bar su a filayen mutane, daga Karaganda har Siberiya, babu wanda ya dawo min da ko ɗaya. In ana nemana lokacin wasa, a fara duba akurkin hukunci, can alƙali yake ajiye ni in huce. Amma tsoro? Ban san shi ba. Haka nake gaya wa kowa, har ni ma na yarda.

Da bayana ya ce ya gaji, mai ƙungiyarmu ya kira ni ya ce in zama manaja. Na ɗauka ƙwaƙwalwata ya hango. Sai daga baya na gane mutum yake nema wanda 'yan wasa ba za su iya ɗaga wa murya ba. Aka ɗinka min kwat, aka yi min haƙoran roba farare tas masu cirewa, aka ba ni ofis mai taga a saman filin. Ranar farko na shiga ɗakin canza kaya ina zuba ƙamshi, kowa ya yi tsit. Mutum ɗaya ne ya ƙyalƙyale da dariya.

"Wawulo, haƙoran wa ka aro?"

Arkadi ke nan, golanmu. Iyayensa 'yan Rasha ne, amma a layinmu aka haife shi, a kicin ɗin mahaifiyata ya yi wayo, in zagi ne da yarenmu ya fi ni iyawa. Shekara goma sha huɗu ina gabansa yana bayana. Ɗaki ɗaya muke kwana a otal, ya san minsharina, na san warin safarsa. Kafin a fara kowane wasa 'yan baya sukan je su ɗan bugi katifun da gola yake ɗaurawa a ƙafa da sandarsu, shi ne gaisuwarmu. Shi Arkadi in ba ni na buga ba, bai yarda an buga ba. Har bayan na zama manaja sai na sauko da kwat ɗina, in ari sandar wani, in buga masa sau biyu, sannan ya fita kan ƙanƙara.

To, bana aka cire mu daga gasar, kuma faifan da ya cire mu ta tsakanin ƙafafunsa ya wuce. Ya ga faifan sarai, gwiwar ce ta ƙi durƙusawa da wuri. Shekararsa arba'in da ɗaya.

Mai ƙungiyar ya ce, "Na sayo sabon gola daga Almaty. Ba za mu sabunta kwantiragin Arkadi ba. Kai za ka gaya masa, aikinka ne."

Na ce, "Ranka ya daɗe, wannan ai ƙaramin abu ne."

Me zai hana in faɗi haka? Na kori koci yana cikin shan shayi. Na sallami wani ƙaton baƙo da ya fi ni tsawo, ko ƙiftawa ban yi ba. Amma washegari da na hango Arkadi a baranda da jakarsa a kafaɗa, ban san lokacin da na faɗa ɗakin da ake ajiye motar goge ƙanƙara ba. Na tsaya a cikin sanyi ina duba taya kamar wani makanike. Ya kira waya, na ce ina taro. Ya hau ofis, sakatariya ta ce na fita, alhali ina banɗaki na ɗage ƙafafu. Shi kuwa bawan Allah kullum da safe yana kan ƙanƙara yana atisaye shi kaɗai, har sabon kwalkwali ya ba da a yi masa fenti domin kakar wasa mai zuwa. Kunya ta ishe ni, haushin kaina ya ishe ni, amma bakin ya ƙi buɗuwa.

Sai mai ƙungiyar ya ce ranar Litinin labarin zai fito a jarida, na faɗa ko ban faɗa ba. In Arkadi ya karanta a jarida, na san shi, har mu mutu ba zai ƙara kallona ba.

A nan ne dabara ta zo min, irin ta mutumin da aka sha bugu a ka. Na sa aka yanka rago, na gayyace shi cin abincin rana ran Lahadi, na ce wa mahaifiyata ta dafa kan, a ajiye a gabansa.

Apa, haka muke kiran uwa a yarenmu, ta ajiye wuƙar hannunta. "A gaban wa?"

"Arkadi."

"Kai ɗan nan, kan rago na dattawa ne masu furfura. Yaron da nake share wa majina zan ajiye wa kai?"

"Girmamawa ce, Apa."

"Girmamawa." Ta kalle ni sama da ƙasa. "So kake rago ya gaya masa ya tsufa, don kai ka kasa. Kaico, na haifi ƙato a banza."

Amma ta dafa. Ta babbake shi, ta kankare, ya dahu luguf.

Ran Lahadi Arkadi ya zo da kwalin alewa don Apa, ya cire takalmi, ya zauna inda ya saba zama tun yana yaro, can kusa da ƙofa. Apa ta ce ya taso ya koma saman teburi. Ya ɗan dube ni. Matata Raushan ta kawo babban faranti na nama da taliya, sannan Apa da kanta ta shigo da kan, ta ajiye a gabansa, hancin na kallonsa.

Wallahi na ga lokacin da ya gane. Kunnuwansa suka yi ja. Ya daɗe yana kallon ragon, ni kuma ina kallon cokalina.

Sai ya naɗe hannun riga ya ɗauki wuƙa. Ai ya sha ganin tsofaffinmu suna rabon nan, kowa da abin da ya dace da shi. Ya yanki kunne ya miƙa wa Raushan. "Ungo, ƙanwata, ki ƙara a kan naki. Kin sha jin ƙaryar mutumin nan." Ya ƙwaƙule ido ya sa wa Apa a faranti. "Apa, ke kaɗai ce mai gani a gidan nan." Sannan ya buɗe bakin ragon, ya zaro harshen gaba ɗaya, ya dangwarar min.

"Ci, manaja. An ce yana buɗe baki."

Na yanka ƙaton yanki na jefa a baki don in samu abin yi. Taunawa biyu, haƙoran roban suka maƙale a naman suka saki. Na yi ƙoƙarin mayar da su da harshe, suka juye. Raushan ta kawar da kai kafaɗunta na rawa don dariya. Da na ga zan shaƙe, na sa hannu na zaro su, na ajiye a gefen faranti.

Arkadi ya ce, "Yauwa. Yanzu na ga wanda na sani. Ina jin ka, Wawulo."

Na kira shi da sunansa na gida, na ce, iska na fita ta giɓin, "Arkasha, ba za a sabunta maka ba. Ka gama."

"Mai ƙungiya ne ya ce, ko kai?"

Ga ƙofar tsira a buɗe. Da na ce shi ne, da mun haɗu mun zage shi har la'asar, mu rabu lafiya. Na so in bi ta nan, Allah ya sani na so.

"Shi ya ce. Amma da ya tambaye ni, haka zan ce. Ba ka iya durƙusawa, Arkasha. Tun tsakiyar sanyi nake gani ta taga."

Ya ajiye wuƙar a hankali.

"Ka ɗauka ban sani ba? Gwiwar a jikina take." Muryarsa ta yi ƙasa. "Ina zuwa filin nan kullum don in ba ka dama ka same ni ni kaɗai. Na ga takalminka a ƙarƙashin ƙofar banɗaki, ɗan banza, ko ɗage ƙafa ba ka iya ba. Mutumin da ya tare min faifai da bakinsa, yau shi ne ya aiko min da rago."

Na mayar da idona kan cokalina.

Ya ci namansa, ya sha shayi kofi biyu, ya yi wa Apa godiya ya sumbaci hannunta. Ni ko kallona bai yi ba. Na bi shi zaure kamar karen da ya yi ɓarna. Ya sa takalmi, ya sa kwat, ya buɗe ƙofa. Sai ya tsaya a bakin ƙofar, ya ba ni baya, bai fita ba. Sanyi na ta shigowa.

Na ce, "Ka manta wani abu ne?"

"Kai ka manta. Haka zan fita?"

Ban gane nufinsa ba. Apa ce ta zungure ni daga baya, ta miƙo min sandar da take dogarawa. Na karɓa, na sunkuya na buga masa sau biyu a ƙafa.

"Wayyo! A mai ciwon? Allah wadaran manajan nan!"

Ya sauka matakala yana ɗingishi yana zagina da yare biyu, bai waiwayo ba. Daga ƙasa ya ɗaga murya: "Ka gaya wa yaron Almaty ya zo ya same ni, hagunsa a buɗe take!"

Na koma teburi. Ga ƙoƙon kan ragon, ga haƙorana a gefensa, ni da shi duk babu na sama. Na kifa kai na yi kukan da ban yi ba ranar da aka fasa min baki. Apa ta karɓi sandarta, ta ce in ci nama kafin ya huce.