Matar da Ta Yafe a Fim

"Baiwar Allah, ɗan ɗago kai. Ki dube shi ido cikin ido, sannan ki faɗa," in ji darakta.

Fitilun 'yan fim sun mayar da falon tamkar tanda. Tana zaune a bakin kujera, gumi na gangarowa ta gadon bayanta. A gabanta mai walda ne, maƙwabcinsu, wanda ya nuna wa 'yan tarzoma ɗakin da mijinta ya ɓuya ranar da unguwa ta kama da wuta, suka kashe shi.

"Na yafe maka," ta ce.

"Babur ya wuce, murya ba ta fito ba," in ji darakta. "Yi haƙuri, a sake."

Ta sake, ta kuma sakewa, har maganar ta zama kamar raken da aka gama tsotsewa.

Ba ita ta nemi shiga fim ɗin ba. Yayanta ne, ɗan kwamitin sulhu, ya yi ta sintiri a gidan.

"Ƙanwata, gari ya gaji da zaman ɗar-ɗar. In ke kika yafe, wa zai ƙi?"

"Yaya, zuciyata ba ta kai nan ba tukuna."

"Baki ya fara, zuciya za ta biyo baya."

Da aka kashe kyamara, mai walda bai tashi ba.

"Da zagina kika yi," ya ce ƙasa-ƙasa, "da na fi samun sauƙi."

* * *

An haska fim ɗin a zauren makaranta, an toshe tagogi da barguna. Mutanen da suka daɗe ba sa gaisawa suka zauna benci ɗaya, suna share hawaye. Ta ga fuskarta ta cika bango. Ta jira wurin da ta ba da labarin mijinta, yadda yake waƙa in yana aski, yadda har yau take zuba abinci kwano biyu. An yanke. Kalma uku kawai aka bari.

Fim ɗin kuwa ya yi aiki, ba ta musu. Kasuwa ta sake cika, yaran ɓangarorin biyu suka koma aji ɗaya. Sai dai tun daga ranar ba ta da ikon ɓata rai. In ta yi tagumi, a ce, "Haba, ke da kika zama abin misali?" Sauran matan da aka kashe wa maza, waɗanda a da suke haɗuwa su yi kukansu tare, suka daina kiranta.

"Ai ke kin warke," in ji ɗayarsu, ta ja ƙofa.

* * *

Wata rana da hantsi wata dattijuwa ta shigo shagon ɗinkinta, tana janye da surukarta, wadda ita ma tarzomar ta cinye wa miji.

"Kalle ta da kyau. Nata ya fi naki ciwo, amma ga ta nan garau."

Matashiyar ta ɗago jajayen idanu. "Anti, yaya kika yi?"

Gaskiya ta zo mata har leɓe. Dattijuwar na tsaye tana jira, 'yan koyon ɗinki sun kasa kunne.

"A hankali," ta ce, ta yi murmushi.

Da suka fita, ta juya wa ƙofa baya, ta hau keke. Ta yi ta taka shi da ƙarfi, kafaɗunta na girgiza, allura na sukar wurin da babu yadi.